Finafinan tsiraicin Italiya na shekarun 1970: wa ya wanke su, kuma wa aka manta?

Nura Kurna:
Salam 'yan uwa. Wani abu ne ya tsaya min a rai tun da muka gama maganar finafinan kaboyi na Italiya satin da ya wuce. Masana'antar da ta yi su Django ita ce dai ta yi wasu finafinai masu tarin yawa na sha'awa da tsiraici daga wajen 1970 zuwa farkon 1980, a lokacin masu sharhi a jaridun ƙasar ko kallo ba su ishe su ba, shara suke ce musu, amma yau sai ga su ana gyara hotonsu ana sake fitar da su a faifai masu tsada, ana rubuta littattafai a kansu, suna da 'yan gani-kashe-ni a Amurka da Ingila da Jamus. Tambayata ita ce, finafinan ne dama suke da wani abin kirki da aka ƙi gani, ko kuwa tsufa ne kawai ya ba su daraja?

Admin Sani:
Kafin a ci gaba. Ba hoto, ba bidiyo, ba link, ba kwatanta abin da bai kamata ba. Tarihi da sharhi kawai. Wanda ya ƙetare layi zan cire shi ba sai na yi gargaɗi na biyu ba.

Malam Habibu:
Nura ƙanena, ni gaskiya ban ga abin tattaunawa a nan ba. Tsiraici tsiraici ne ko an saka shi a faifan zinare. Addininmu ya hana, tarbiyyarmu ta hana. Me za mu ƙaru da shi?

Nura Kurna:
Allah ya gafarta Malam, ban ce kowa ya je ya kalla ba wallahi, kuma ban musa hukuncin ba. Abin da nake so mu duba shi ne yadda ake ɗaga wani a kayar da wani a duniyar fim, wa yake yanke hukunci da kuma da wane ma'auni. Ga misali ɗaya da ya sa na kawo maganar. A 1972 Bernardo Bertolucci ya fitar da Last Tango in Paris da Marlon Brando, manyan masu sharhi na Amurka irin su Pauline Kael suka yi ta kambama shi kamar an sauya tarihin fim. A 1973 Salvatore Samperi ya fitar da Malizia da Laura Antonelli, aka ce wannan na 'yan kasuwa ne. To mutum ɗaya ne ya riƙe kyamara a duka biyun, Vittorio Storaro, wanda daga baya ya ci Oscar har uku. Ido ɗaya, haske ɗaya, amma ɗaya ana koyar da shi a jami'a ɗaya ana jin kunyar ambatonsa.

Anti Bilki:
Nura ka taɓo inda yake min ƙaiƙayi. Malam Habibu ka yi haƙuri ka saurara, don abin da zan faɗa ba ya karo da naka, ƙarfafa shi ma yake yi ta wata fuska. Wannan fim na Bertolucci da ake ta yabo, yarinyar da ta fito a ciki Maria Schneider shekararta 19 lokacin, Brando yana 48. Akwai wata fitowa da darakta da jarumin suka ƙulla wani abu a tsakaninsu ba su gaya mata ba sai da aka zo ɗauka. Ita da bakinta ta faɗa a 2007 cewa ta ji an wulaƙanta ta kuma hawayen da aka gani na gaske ne. Shi kuma Bertolucci a 2013 ya amsa cewa da gangan ya ɓoye mata don yana so ya ɗauki yanayinta na gaske ba na wasa ba, lokacin ita ta riga ta rasu tun 2011. Sai a 2016 da hirar ta sake yawo a intanet duniya ta tayar da jijiyar wuya. Shekara sama da 40 masu sharhi suna maganar launi da haske da zurfin tunani, ba wanda ya tsaya ya ce yaya yarinyar nan take. Wannan shi ne fim ɗin "masu ilimi" fa, ba na 'yan kasuwa ba.

Malam Habibu:
To ai kin ga abin da nake faɗa Hajiya. Duk inda aka cire kunya zalunci zai biyo baya.

Anti Bilki:
Na yarda Malam, amma idan ba mu san labarin ba ta yaya za mu gane shi idan ya zo mana da wata rigar? Shi ya sa nake so a yi maganar.

Alhaji Brescia:
Assalamu alaikum, na shigo a makare, yanzu na taso daga aiki. Ni da nake zaune a ƙasar bari in gaya muku yadda abin yake a nan. Waɗannan finafinan na barkwanci da tsiraici ba wani ɓoyayyen abu ba ne a wajen Italiyawa, har yau ana saka su a talabijin da daddare, akwai tasha ta kamfanin Mediaset mai suna Cine34 da aka buɗe a 2020 wadda finafinan Italiya zalla take nunawa, kuma irin waɗannan suna cikin abin da take maimaitawa. Dattijan da muke aiki da su a masana'anta, masu shekara 55 zuwa 60, idan an fita shan kofi sai ka ji ɗaya ya kwaikwayi muryar ɗan barkwanci Lino Banfi da harshensa na kudu, sauran su fashe da dariya har da buga tebur, sun haddace maganganun kamar karatu. Ba ma maganar matan suke yi ba yawanci, barkwancin suke tunawa da ƙuruciyarsu. Kuma shi Banfi ɗin nan da ya yi suna da rol ɗin dattijon banza mai leƙen mata, daga 1998 ya koma kakan kowa a wani shiri mai dogon zango na gidan talabijin ɗin gwamnati, Un medico in famiglia, yara suna kiransa kaka Libero, a 2019 ma gwamnati ta saka shi a kwamitin UNESCO na ƙasar. Namiji kenan.

Sadiya M.:
Alhaji "namiji kenan" ɗin nan ita ce maganar. Matan fa?

Alhaji Brescia:
'Yata Anti Bilki ta fi ni sanin wannan, amma na Laura Antonelli kowa a nan ya sani kuma abin tausayi ne.

Anti Bilki:
Laura Antonelli ba ƙaramar jaruma ba ce. Malizia ya ci kasuwa fiye da yadda kowa ya zata, ta samu kyautar Nastro d'Argento a kansa, wadda 'yan jaridar fim na ƙasar suke bayarwa, har Luchino Visconti da ake ji da shi ya saka ta a fim ɗinsa na ƙarshe L'innocente a 1976, ka ga ta iya aikin kenan. Amma hoton 'yar aikin gida ta Malizia ya manne mata. A 1991 aka kama ta da hodar iblis a gidanta aka yanke mata shekara uku da rabi, sai a 2000 kotun ɗaukaka ƙara ta wanke ta daga laifin sayarwa, shekara tara tana ɗauke da shari'a a ka. A wannan 1991 ɗin dai aka dawo da ita ta sake yin Malizia kashi na biyu tana dab da shekara 50, aka yi mata allurai a fuska don ta koma yarinya, fuskar ta kumbura, fim ɗin ya faɗi, daga nan ba ta ƙara fitowa ba. Ta ƙare rayuwarta a wani ƙaramin gida a Ladispoli kusa da Roma, ba ta son ganin mutane, har sai da shi Banfi ya fito a 2010 yana roƙon gwamnati ta taimaka mata. Ta rasu a 2015. Kuma kar mu manta da labarin fim ɗin kansa, yaron gida ne yake matsa wa 'yar aiki lamba yana yi mata barazana, aka shirya shi a matsayin abin dariya da nishaɗi. Duk mai son ya yaba min kyamarar Storaro ya fara amsa min wannan tukuna.

Kabiru Lecturer:
Ina bin ku tun ɗazu. Ina so in ɗan koma baya don a gane daga ina abin ya faro, don ba daga sama ya faɗo ba. Italiya ƙasar Katolika ce, fadar Fafaroma tana tsakiyar Roma, sai a 1970 aka halatta sakin aure, a 1974 aka yi ƙuri'ar raba gardama don a soke dokar jama'a suka ƙi, dokar da take sassauta wa wanda ya kashe matarsa ko 'yarsa da sunan kare mutunci kuwa sai 1981 aka cire ta. To a cikin wannan tirka-tirka ne Pier Paolo Pasolini ya yi Decameron a 1971 daga tsohon littafin Boccaccio, ya samu kyauta a bikin Berlin, kuma jama'a suka yi tururuwa. Furodusoshi suka ga ashe idan ka fake da adabin ƙarni na 14 hukumar tacewa za ta ɗaga maka ƙafa, cikin shekara biyu zuwa uku aka zubo kwaikwayonsa gommai, kayan sawa na zamanin da, labarin miji wawa da mata mai wayo da limamin coci mai kwaɗayi, a ɗauka cikin 'yan makonni a kai silima. Da kasuwar wannan ta mutu sai aka cire kayan zamanin da aka koma makaranta da barikin soja da asibiti. Shi Pasolini abin ya dame shi ƙwarai, a 1975 ya rubuta takarda yana nesanta kansa da finafinansa uku na wannan layi, Decameron da Canterbury da Dare Dubu da Ɗaya, hujjarsa ita ce jikin ɗan Adam da ya ɗauka a matsayin abu na ƙarshe da kasuwa ba ta lalata ba, ya ga kasuwar ta haɗiye shi ta mayar da shi haja. A Nuwambar wannan shekarar aka kashe shi a Ostia.

Nura Kurna:
Malam Kabiru to kenan shi da ya buɗe ƙofar shi ya fara yin tir da abin da ya shigo.

Kabiru Lecturer:
Haka ne. Kuma dubi yadda hukuma ta yi. Last Tango da ake cewa na masu ilimi, kotun ƙoli ta Italiya a 1976 ta ce a lalata kwafinsa, Bertolucci ya rasa 'yancin jefa ƙuri'a na shekara biyar, sai 1987 aka sake shi. Su kuwa na barkwancin suna ta wucewa da ɗan yanka nan da can da sharaɗin shekaru. Wato kotu ta fi tsoron mai da'awar tunani, masu sharhi kuma sun fi raina mai ba da dariya. Dokar tace finafinai ta 1962 ta zauna har 2021 kafin ministan al'adu Dario Franceschini ya sanar da soke ta.

Umar Beat:
Ni dai ta ɓangaren kiɗa na san su, kuma a nan dole a faɗi gaskiya, kiɗan ya fi finafinan nesa ba kusa ba. Ennio Morricone, Piero Piccioni, Piero Umiliani, Nico Fidenco, Stelvio Cipriani, manyan mutane ne da suke zuwa da cikakkiyar ƙungiyar makaɗa su yi wa fim ɗin da bai kai ya kawo ba aiki kamar na sarki. Da yawa daga cikin masu sayen faifan nan a Turai ta kiɗan suka fara shiga. Akwai ma wata waƙar Umiliani, Mah Nà Mah Nà, da ya yi wa wani fim na 1968 na Luigi Scattini a kan rayuwar sha'awa a Suwidin, ita ce daga baya ta koma waƙar 'yan tsana a shirin yara na Muppets, iyaye suna rera wa 'ya'yansu ba su san inda ta fito ba.

Sadiya M.:
Ikon Allah, wannan waƙar na san ta tun ina ƙarama.

Nura Kurna:
To mu zo kan wankin. Ni abin da na fahimta shi ne ba a rana ɗaya aka yi shi ba. Mujallar Nocturno ta fara fita a 1994 tana bin tsofaffin daraktoci da jarumai tana hira da su. Marco Giusti ya fitar da ƙamus ɗinsa na irin waɗannan finafinai a 1999 sannan aka yi shirin talabijin mai suna Stracult a tashar gwamnati. Walter Veltroni, ɗan siyasar da ya zama magajin garin Roma, ya rubuta yabo a kan wani fim ɗin jaruma Edwige Fenech na 1972, mutane suka yi ta mamaki. Sai babbar, a 2004 bikin Venice ya ware sashe guda don tsofaffin finafinan Italiya masu ƙaramin kuɗi, Quentin Tarantino yana gaba-gaba. Shi Tarantino har sunan Fenech ya ba wani janar a Inglourious Basterds na 2009, Ed Fenech. Da Ba'amurke mai suna ya ce abin yana da kyau sai 'yan gida suka fara sake dubawa.

Alhaji Brescia:
Wannan haka yake Nura. Amma Fenech ita ba ta jira kowa ya wanke ta ba. Haifaffiyar Annaba ce a Aljeriya, 1948, uba ɗan asalin Malta uwa 'yar Sisili. Da ta ga zamanin ya wuce ta koma gabatar da shiri a talabijin, ta buɗe kamfaninta ta zama furodusa, tana cikin waɗanda suka shirya The Merchant of Venice na 2004 da Al Pacino. A nan ana girmama ta sosai.

Anti Bilki:
Ita da Zeudi Araya su ne suka tsira, kuma ku lura duk biyun ta hanya ɗaya, sun bar gaban kyamara sun koma inda ake riƙe kuɗi. Tunda na ambaci Zeudi bari in kawo abin da ya fi shafarmu mu baƙar fata. 'Yar Eritiriya ce, ƙasar da Italiya ta yi wa mulkin mallaka, aka fito da ita a 1972 a La ragazza dalla pelle di luna, labarin Bature da aurensa ya yi sanyi ya je tsibiri ya haɗu da baƙar mace ta farfaɗo da shi ya koma wajen matarsa. Ita ba ta da wani buri nata a labarin, magani ce kawai. Sai Black Emanuelle na 1975 da aka ɗauka a Kenya, jarumar Laura Gemser ba ma 'yar Afirka ba ce, a Surabaya ta Indonesiya aka haife ta ta tashi a Holan, amma tunda fatarta ba fara ba ce shikenan ta zama "baƙa". Sun cire harafin m ɗaya daga sunan don kar masu fim ɗin Faransa na 1974 mai suna Emmanuelle su kai su kotu. Kuma an cusa wasu fitowa na batsa tsagwaronta da jikin wata matar daban a wasu kwafin, ita ba ta sani ba sai daga baya. Darakta Joe D'Amato ya ci gaba da jerin yana ƙara munin abin fim bayan fim. A 2023 kamfanin Severin na Amurka ya fitar da akwati guda mai fim 24 na wannan layi da littafi a ciki, masu sharhi suna cewa ai jarumar 'yar jarida ce mai ɗaukar hoto mai yawon duniya ita kaɗai, wai alamar 'yancin mace ce. Ni ban sayi wannan maganar ba. Mutanen Kenya da suke cikin fim ɗin ado ne kamar bishiyoyi da dabbobin dajin, ita kuma Gemser tun farkon shekarun 1990 ta janye daga idon jama'a gaba ɗaya.

Kabiru Lecturer:
Hajiya ina tare da ke kashi mafi yawa, sai dai ina ganin bai kamata mu zuba su a kwando ɗaya ba. Tinto Brass misali. Mutane sun san shi da dattijo mai sigari da finafinan sha'awa, amma ya yi aiki a ma'ajiyar finafinai ta Faransa a Paris, ya yi wa Roberto Rossellini mataimaki, fim ɗinsa na farko na 1963 a bikin Venice aka nuna shi, a shekarun 1960 ana lissafa shi cikin masu gwada sabon salo. Caligula na 1979 ne ya juya rayuwarsa. Bob Guccione mai mujallar Penthouse ya zuba kuɗi, Gore Vidal ya rubuta, ga Malcolm McDowell da Helen Mirren da Peter O'Toole da John Gielgud. Da aka gama ɗauka Guccione ya hana Brass shiga ɗakin haɗa fim, ya ɗauki nasa fitowar na batsa ya cusa, Vidal ya cire hannunsa, Brass ya ce ba fim ɗinsa ba ne, mai sharhi Roger Ebert ya fice daga silima kafin a gama ya ba shi sifili. A 2023 aka nuna sabon haɗi a Cannes daga tsofaffin faifan da aka ɗauka ba tare da cushen Guccione ba, wasu masu sharhi suka sassauto, Brass ya ce wannan ma ba nasa ba ne. Sannan La chiave na 1983 daga littafin marubucin Japan Tanizaki, da Stefania Sandrelli da kiɗan Morricone, an yi shi da ƙwarewa ta gaske, ko wanda ya ƙi abin da ke ciki ba zai ce mutumin bai iya aiki ba.

Anti Bilki:
Malam Kabiru ban ce bai iya ba. Iyawar ce ma ta sa nake tuhumarsa fiye da D'Amato da ya ce shi ɗan kasuwa ne. Wanda ya iya ya san inda yake ajiye kyamara da dalilin ajiye ta a wurin.

Malam Habibu:
Na zauna na karanta duka. Matsayina bai canza ba, kuma ina roƙon matasan da ke cikin nan kar sunayen da aka lissafa su zama musu jagorar nema. Amma Hajiya Bilki Allah ya saka da alheri, labarin matan nan ban taɓa jin sa ba. Allah ya tsare mana zuri'a.

Sadiya M.:
Amin Malam. Yaya Nura kai da ka kawo tambayar ba ka faɗi naka ba.

Nura Kurna:
Nawa shi ne masu sharhin 1970 sun yi rashin adalci ta fuska ɗaya, sun ƙi ganin aikin makaɗa da masu kyamara da 'yan barkwanci don kawai talakawa ne suke cika silimar, kuma sun kau da kai daga abin da manyan daraktoci suka yi don sunansu. Masu wankin yau sun gyara na farkon. Amma yawancin finafinan nan idan ka cire kiɗan labari ɗaya ne ake ta juyawa, kuma abin da ya kashe su ma ba masu sharhi ba ne, kotun tsarin mulki ce ta ba tashoshin talabijin masu zaman kansu dama a 1976, silimomin batsa zalla suka buɗe a ƙarshen shekarun 1970, mai son dariya ya zauna a gida mai son ɗayan ya tafi can, na tsakiya ya rasa mai saye.

Alhaji Brescia:
Gobe idan Allah ya kai mu zan tambayi dattijan wajen aikinmu ko sun san inda Laura Antonelli ta ƙare, in ji me za su ce. Anti Bilki ki turo min sunan garin nan da ta rasu in rubuta.

Anti Bilki:
Ladispoli, Alhaji. Yuni 2015, tana da shekara 73. Ka tambaye su kuma ko matansu suna zama a kalla tare da su idan an saka a talabijin.